Ƙarar Wa Aka Kora?

Zuwa ga 'yata Auta,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan wannan takarda ta same ku lafiya, ke da Goggonku da yayanki Dogo. Ni ma lafiya lau. Gwiwar ta lafa, kunnen ne ya ƙi. Likita ya ce in sa na'urar ji, na ce masa shekara talatin na yi ina shan surutun aji, yanzu da Allah ya kawo mini shiru ba zan biya kuɗi a raba ni da shi ba. Don haka kada ki wahalar da kanki da kirana a waya, "iye? iye?" kawai za ki sha. Ki rubuto ki ba direbobin tasha, ko da yake sukan manta takarda a aljihun mota ta yi kwanaki. Ni da marigayiya mahaifiyarku 'ya'yan wa da ƙani ne, a benci ɗaya muka koyi rubutu, kuma hannunki irin nata ne sak. Ganinsa kaɗai yana sanyaya mini rai.

Na ji daɗin labarin cewa kotun ɗaukaka ƙara ta sa ranar zama. Amma kafin ki shiga wurin, bari in raba ki da wani ruɗani da ke kama mutane da yawa, har da masu karatu. In an ce "an ɗaukaka ƙara", sai su ɗauka hukuncin farko ya mutu. Bai mutu ba, 'yata, barci yake yi. Ɗaurin shekara ukun da alƙalin farko ya yanke wa Dogo a kan hatsarin da ya yi da motar ɗaukar ma'aikatan kamfaninsu yana nan daram. Belin da ya sa yake kwana a gida aro ne aka ba shi, zuwa ranar da manyan alƙalai za su saurare mu.

Abu na biyu ya fi na farko nauyi. A kotun ƙasa gwamnati ce ta kai ƙara, Dogo ne wanda ake ƙara. A kotun sama kuwa kujeru sun juya, mu ne masu ƙara. Mu ne muka ce an yi kuskure, tunda Dogo ya sha faɗa wa kamfani cewa birkin motar ya lalace, kuma alƙali ya ƙi sauraron makanikin da ya zo ba da shaidar haka. Ki duba kalmar kanta. Ƙara ai sauti ce. Mutum ya ɗaga murya ya ce a ji shi, an juyo, an tarar ba ya wurin. To me za a ji?

Ki raka yayanki ranar zaman. Ki zauna inda za ki ji da kyau, ki buɗe ido, ki rubuto mini komai, har da abin da kike ganin ba shi da amfani. Ke da kike koyon aikin jinya kin fi ni sanin amfanin ƙananan alamu. Wane irin mutum ne lauyan naku? Goggo ta yaba shi, amma Goggo takan yaba duk wanda ya rusuna ya gaishe ta.

Ki ce wa Dogo ya rage fushi. Ki gaida Goggo da kyau.

Kawunki

*

Zuwa ga Kawu,

Ina gaisuwa da girmamawa. Muna lafiya, sai dai jinin Goggo ya ɗan hau, ina auna ta kowace safiya tana cewa na mayar da ita abin gwaji. Yaya ma lafiya, amma ya rame. Tunda ba mai ba shi mota da shari'a a wuyansa, wankin kayan inji yake yi a garejin bayan layinmu. Kuma har yau bai aske gemun nan ba, ya ce sai ranar da aka wanke shi. Yaran unguwa sun fara ce masa Baba.

Kawu, ka yafe ni, wasiƙarka na karanta farkonta da ƙarshenta, darasin tsakiya na ajiye sai bayan jarrabawa. Ai ka san ka da alli, ko a takarda sai ka buɗe aji.

Mun je kotu. Ɗaki ne dogo mai sanyi, da bencina kamar na asibiti, da fanka ɗaya mai kuka. Alƙalai uku ne. Ta tsakiyar mace ce, da tabarau rataye a wuya, ba ta ɗaga murya, amma in ta yi magana har fankar kamar takan yi shiru. Ka ce in rubuto har da abin da ba shi da amfani, to ga shi. Kafin a zo kanmu, magatakarda ya kira wata ƙara, ba wanda ya tashi. Ya je bakin ƙofa ya sake kira a baranda. Shiru. Lauyan gwamnati ya ɗan miƙe, bai ma gama miƙewa ba, ya faɗi 'yan kalmomi ya zauna. Alƙaliyar ta yi rubutu. Magatakarda ya ɗaure fayil ɗin da zare, ya ajiye shi a ƙasa ta hannun hagu. Duk abin bai kai shan kofin ruwa ba. Kafin a tashi, tarin da ke ƙasan ya kai gwiwarsa.

Da aka kira sunan Yaya, ya miƙe shi kaɗai. Lauya bai zo ba. Can sai ga akawunsa da gudu, yana haki, ya jawo wani ƙaramin lauya da ya tsinta a baranda. Shi ne ya roƙi a ɗage, wai babban lauya yana wata kotu. Alƙaliyar ta cire tabarau, ta daɗe tana kallon Yaya, sannan ta ce wannan ita ce ɗagewa ta ƙarshe. Na ji daɗi, Kawu. Ta ƙarshe fa! Ka ga an kusa gamawa ke nan.

Da muka fito, wata tsohuwa na zaune a ƙarshen baranda da kular abinci a cinya. Ta riƙo hannuna ta ce, "'Yar nan, an kira na ɗana kuwa? Lauya ya ce in jira shi a nan." Ta faɗi sunan. Kamar shi na ji ana kira a bakin ƙofa, amma ban tabbata ba, sai na ce ban sani ba. Ban san abin da ya sa take faɗo mini a rai ba.

Ka tambayi lauya. Ofishinsa na saman shagon masu gyaran waya, da kujeru masu laushi da ƙamshin turare. Wayoyi uku gare shi, duk suna kuka lokaci ɗaya. Yana ce wa Goggo "uwata". Mun je washegari, ya dafa kafaɗar Yaya ya ce, "Dogon mutum, ka kwantar da hankalinka. Zama na gaba na lauyoyi ne, ba sai kun sake wahalar mota ba." Hakan ya yi mini daidai, don ranar ta faɗo a kan jarrabawata ta ɗakin marasa lafiya, Yaya kuma mai gareji ya fara ƙorafin fashi.

Goggo ta ce ka daina cin goro, shi ne ya toshe maka kunne.

'Yarka,
Auta

*

'Yata Auta,

Gaisuwa a taƙaice, ku yi haƙuri. Allah ya sauƙaƙa wa Goggo. Ina lafiya, amma tun da na karanta takardarki na kasa zama wuri ɗaya.

"Ɗagewa ta ƙarshe" ba albishir ba ce, gargaɗi ne. Alƙaliyar ba cewa ta yi an kusa gamawa ba, cewa ta yi haƙurin kotu ya kusa ƙarewa. Fayilolin da kika ga ana ajiyewa a ƙasa, ƙararrakin da masu su ba su zo ba ne. Ba a buɗe su ba, ba a ce wane ne mai gaskiya ba. An kira, ba a amsa ba, an wuce. Kotu ba ta yin haka don mugunta. Akwai ɗaruruwan mutane a bayanku suna jiran a kira su, ba za a tsayar da kowa don wanda bai zo ba. Tsohuwar nan da ta tsaya miki a rai, zuciyarki ta gane abin da kanki bai gane ba tukuna.

Babu wani zama na lauyoyi kaɗai ga mutumin da ke kan beli. Dogo ya je, ko mai gareji zai kore shi. In lauya bai zo ba, ya miƙe da kansa ya ce, "Ga ni, ranku ya daɗe, lauyana ne bai zo ba, ina roƙon a ba ni dama in nemi wani." Ki sa shi ya maimaita a gabanki har ya zauna masa a baki. Alƙali na iya jin haushin lauya, amma da wuya ya rufe ƙofa a fuskar mutumin da ke tsaye a gabansa. Ke kuma ki je ofishin lauyan kwana ɗaya kafin ranar, kada ki yarda da maganar akawu, ki ga mutumin da idonki.

Zan kai wannan tasha da kaina yanzu, in roƙi direba kada ya jefa ta a aljihun mota.

Kawunki

*

Kawu! Kawuna!

Gaisuwa dubu. Lafiyarmu ƙalau, jinin Goggo ya sauka da kansa ba da magani ba. Albishirinka! An kori ƙara!

Bari in ba ka labari daga farko. Ranar zaman ina asibiti ina jarrabawa, Yaya yana gareji, kamar yadda lauya ya ce. Shiru ba labari har kwana biyu. Sai Goggo ta yi kiciɓis da akawun lauya a bakin kasuwa. Ta ce ya so ya wuce kamar bai gan ta ba, ta riƙo rigarsa ta ce, "Kai ɗan nan, ya aka ƙare?" Ya ce, "Goggo, ai an kori ƙarar." Ta ce ko kayan miyan da ta saya a wurin ta bar su, ta taho gida mayafi a hannu. Kafin in dawo gidanmu ya cika. Matar mai shago tana kuka, Goggo tana dariya, mai gareji da kansa ya zo ya ce dama shi ya san Dogo ba mai laifi ba ne.

Kawu, da ka ga Yaya. Ya zauna a kan dakalin ƙofar gida, wanzami ya aske gemun nan tas, yaran unguwa na tafi. Na manta cewa yana da ɗan rami a haɓa irin na Innarmu. Ya dube ni ya ce, "Ke Auta, yau na ji iska a fuskata." Ya ci abinci har sau biyu, ya tsokani Goggo cewa ta tsufa a kansa.

Alheri kuma ba ya zuwa shi kaɗai. Wani tsohon abokinsa mai tirela, da ya ji an kori ƙara, ya ɗauke shi direba na biyu. Za su kai siminti can nesa, har su tsallaka iyaka, kuma hanyar ta garinku za ta bi. Jibi za su tashi. Yaya ya ce in Allah ya yarda zai tsaya ya yi maka ihu a kunne.

Na je in yi wa lauya godiya, na tarar da ƙofa a kulle. Mai gyaran waya ya ce ya yi tafiya, akawu kuma ba ya zama. Ba komai, zan koma. Sannan matar mai shago ta ce jiya wani mutum ya zo yana tambayar wane ne gidan su Dogo, da rigar gida amma takalminsa irin na 'yan sanda. Ina jin takardunsa za su dawo masa da su.

Yanzun nan ina liƙe ambulan yaron tasha ya kawo wata wasiƙarka, duk ta yi baƙin mai, wai a ƙarƙashin kujera aka tsince ta. Ban buɗe ba tukuna, motar da za ta ɗauki wannan tana shirin tashi. In darasi ne, Malam, ɗalibarka ta ci jarrabawa ba tare da shi ba!

Taka,
Auta

*

Auta,

Allah ya sa kuna lafiya. Ki zauna kafin ki ci gaba da karantawa.

Ƙarar wa aka kora?

Ki tambayi kanki a hankali. A kotun sama gwamnati ba ta da ƙara. Ƙara ɗaya ce a wurin, tamu. Da Goggo ta ji "an kori ƙara", kunnenta ya koma kotun farko, inda Dogo ne ake ƙara. A can, da an faɗi haka, da na tayar da gwiwar nan na yi rawa. Amma a nan ma'anarsa ita ce an kori kukanmu ba tare da an ji shi ba. Fayil ɗin yayanki yana ƙasa, ta hannun hagu. Hukuncin da na ce miki yana barci ya farka. Belin ya tafi tare da ƙarar. Mai takalmin nan ba takardu ya kawo ba.

Ban ga laifin Goggo ba, kuma ban ga naki ba. Akawu ya faɗi gaskiya ne da kalmar da ya san za ta yi daɗin ji, ya zame. Kada ki ɓata lokaci wajen kuka ko zargin kai, akwai aiki.

Na farko, Dogo kada ya bar gari. Ki riƙe rigarsa in ta kama. Mutumin da aka zo nema aka tarar a gida, wanda lauya ya yaudara ne. Mutumin da aka zo nema aka ce ya nufi iyaka, sunansa wanda ya gudu, kuma ba alƙalin da zai tsaya jin cewa murna ce ta kai shi.

Na biyu, akwai ƙofa, ƙarama ce amma ba a kulle take ba. Tunda ba a saurari ƙarar ba, ana iya roƙon kotu ta dawo da ita, a yi rantsuwa a bayyana dalilin rashin zuwa. Ba a jinkiri da irin wannan roƙo. Ki je ofishin rajistar kotu ki nemi a nuna miki ainihin abin da alƙaliya ta rubuta. Ki tambayi inda ofishin lauyoyin taimakon marasa ƙarfi yake. Kada ki ji kunyar cewa ba ki gane ba, ki sa a maimaita miki har ki gane. Kin iya, 'yata. Wadda ta iya tsayawa gaban likita ta karanta masa bayanin majiyyaci ba za ta kasa magana da magatakarda ba.

Kin ce jibi za su tashi. Ina duba ranar da kika rubuta, ina duba ta yau. Na ba direban nan goro na ce ya sa ta a aljihun rigarsa.

Kawunki

*

Kawu,

Ina gaisuwa. Jikinmu lafiya, abin da zan iya cewa ke nan.

Yaya ya riga ya tafi. Ban buɗe wasiƙarka mai baƙin mai ba sai bayan mun raka shi, don na shagala da wanke masa kaya. A tsaye na karanta ta a tsakar gida, sai na koma na ɗauko ta farkon, na karanta tsakiyar da na tsallake. Kafin ta ukun ta iso na riga na sani.

Na je rajista. Wata mata ta ciro fayil ɗin daga cikin tari, ta kwance zaren, ta juyo mini da shi. Layi uku ne kacal. An kira, mai ƙara bai zo ba, lauyansa bai zo ba. An kori ƙara. An soke beli, a kamo shi ya fara zaman hukuncinsa. Na ce mata, "Hajiya, mu fa mun yi murna." Ba ta yi dariya ba. Ta ce, "Ba ku ne na farko ba."

A wurin ajiye motoci na kotu na ga lauya, ashe bai yi wata tafiya ba. Na tare shi. Ya ce ranar yana wata kotu da wata babbar shari'a, akawu ne ya manta ya samo wanda zai tsaya masa. Na ce, "Ranka ya daɗe, ko waya ai ka yi mana." Ya ce, "Ai na aika a faɗa muku." Na ce, "A faɗa mana me?" Ya ce, "An kori ƙara. Ƙarya na yi?" Wayarsa ta yi kuka, ya ɗaga mini hannu, ya shige mota.

Na samu ofishin taimakon. Ɗaki ne ƙarami a bayan ginin kotu, da wata matashiyar lauya da fayiloli har kan taga. Ta saurare ni har ƙarshe. Ta ce za ta rubuta roƙon, ni kuma zan yi rantsuwa a kan abin da lauya ya gaya mana. Amma ta ce, "Ba zan tsaya gaban alƙaliyar nan in roƙa wa mutumin da ba a san inda yake ba. Ya dawo da ƙafarsa ya miƙa kansa. Kuma ba zan yi miki ƙarya ba, zai kwana a ciki kafin a saurare mu. Ba ni da tabbacin za su yarda."

Da na dawo gida na tarar da 'yan sanda a zaure, su biyu. Goggo ta shimfiɗa musu tabarma, ta kawo musu ruwan sanyi. Ina daga bakin ƙofa ina jin ta tana cewa, "Ai kun makara, 'ya'yana, an kori ƙara tuni. Yaron ya samu aiki, ya tafi da tirela, har ƙasar waje za su." Ta faɗa musu sunan mai motar da hanyar da za su bi, tana alfahari. Ɗaya yana rubutawa. Sun sha ruwan, sun yi godiya, sun tafi. Na yi ƙoƙarin yi mata bayani, ta ce, "Ke da karatunki! Akawu da bakinsa ya ce an kora." Na duba idonta, na tuna jininta, na bar maganar.

Na kira Yaya. Yana cikin mota, ina jin ƙugin inji. Na faɗa masa komai. Sai ya ce, "Ke Auta, kin san abin da kike cewa kuwa? In dawo da ƙafata in ce ga ni, ku rufe ni?" Na ce haka lauyar ta ce, haka kai ma ka ce. Ya ce, "Ku dai masu karatu kun iya magana." Ya kashe. Tun daga nan wayarsa a kashe take.

Gashin gemunsa na nan a gindin dakali, iska ta tara shi a lungu. Na kasa sharewa.

Kawu, in ya tsallaka, shi ke nan, ko?

Auta

*

'Yata Auta,

Ina gaishe ki gaisuwar manya, don kin yi aikin manya. Ina lafiya. Ki ci gaba da auna Goggo.

Ɗazu da hantsi aka buga mini ƙofa, ban ji ba, sai da na ga inuwa ta rufe taga. Wani dogon mutum ne, fuska fes, da ramin mahaifiyarku a haɓarsa. Tirelarsu ta tsaya a garinmu a gyara taya. Ya fara magana, na ce iye, ya ɗaga murya, na ce iye. Sai ya dubi ƙofa, ya gane in ya ƙara ɗagawa duk layinmu zai ji. Kin san ƙaramin allon da nake koya wa yaran maƙwabta lissafi a kai? Ya ɗauki alli.

Ya rubuta, "In na koma za su rufe ni?"

Na rubuta, "E."

Ya rubuta, "Har yaushe?"

Na rubuta, "Ban sani ba."

Ya daɗe yana kallon allon. Sai ya goge da tafin hannu ya rubuta, "Na faɗa musu birkin ba kyau." Na ce masa da baki, na sani, Auta ta sani, makaniki ya sani. Mutum uku ne kaɗai ba su sani ba, alƙalan nan, kuma su ne ba mu je mun faɗa wa ba. In ka tsallaka, ba za su taɓa ji ba, kuma ba za ka sake zama a dakalin Goggo da rana tsaka ba. Ya ci abinci kaɗan. Yanzu haka yana zaune a kujerar da ke gabana, hannunsa fari fat da alli, yana kallona ina rubutu.

Tashar garinmu ƙofa biyu gare ta. Tirelar na ɗaya, za ta tashi da yamma ta nufi iyaka. Motar garinku na ɗayar. Gwiwata ba za ta kai ni ba, kuma ko da za ta kai ni ba zan raka shi ba. Ƙarar tasa ce, shi zai amsa.

Saura Goggo. Kada ki bari ta ji a bakin 'yan sanda. Ki gwada yadda nake yi wa yara. Ki ɗauko kofi biyu ki ajiye a gabanta, ki ce wannan gwamnati, wannan Dogo. Ki tambaye ta, a kotun farko wa ya kai ƙara? Za ta nuna. Sai ki musanya su ki ce, a ta biyu fa? Kada ki ba ta amsa, ki bar ta ta nuna da yatsanta. Zai yi zafi, amma abin da mutum ya gano da kansa ya fi zama. Ki riƙe hannunta in ta gane. Ranar zama kuma ku je da wuri, ku zauna a bencin gaba, ba a baranda ba. In kin ga tsohuwar nan mai kula, ki nuna mata ɗakin da ke bayan kotu.

Wannan takarda ba zan ba direban tasha ba, kuma ban rubuta wata ba. Dogo zan ba. In har kina karanta ta, to kin san ƙofar da ya bi. Ki ɗaga kai ki dube shi da kyau, ki ba shi ruwa, sannan ki ɗauko mayafinki ki raka shi.

Kawunki